Victor Silvester da Yadda Rawa Ta Zama Sana'a Mai Littafi

Da aka gama Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1918, gidajen rawa na Landan sun cika da mata, maza kuwa sun yi ƙaranci, don da yawansu sun kwanta dama a fagen fama. Sai manyan otal-otal da wuraren shan shayi suka shiga ɗaukar samari masu tsabta da iya taku, ana biyansu su yi rawa da duk matar da ta zo ba abokin rawa. Cikin waɗannan 'yan haya akwai wani dogon saurayi, Victor Silvester, ɗan limamin coci, haifaffen Wembley a 1900. Ya gudu daga makaranta, ya ƙara wa kansa shekaru ya shiga soja, ya dawo ya ɗan taɓa karatu a Oxford, bai zauna ba. Ta wannan ƙasƙantacciyar ƙofa ya shigo sana'ar, kuma duk mai son ya gane rayuwar gwanin rawar bibbiyu ta Turawa, daga kansa ya kamata ya fara, domin kusan duk hanyar da gwanayen yau ke cin abinci da ita, da hannunsa a wajen share ta.

Rawar ita ce wadda namiji da mace ke fuskantar juna, hannunsa na dama a bayan kafaɗarta, hagunsa riƙe da damanta a sama, su kewaya zaure tare kamar jiki ɗaya. Na san mai karatu zai ɗan yamutsa fuska, to ba shi kaɗai ba ne. A 1816 jaridar The Times ta Landan ta yi tir da rawar wals bayan an taka ta a wani bikin gidan sarauta, tana ganin rungumar ta wuce gona da iri. A 1913 Sarkin Jamus Wilhelm na Biyu ya hana hafsoshinsa taka tango cikin kaki. Wato rawar da yau ake gani a matsayin ƙarshen natsuwa da kamun kai, da sunan fitsara ta shigo.

Lokacin da Silvester ya fara, abin ba shi da kan gado. Kiɗan jaz ya ƙetaro daga Amurka, sabon taku na fitowa kusan kowane wata, kowane malami na koyar da abin da ya ga dama. Wanda ya koya a wannan gari, in ya je wancan sai ya yi ta taka ƙafar abokiyar rawarsa. A 1922 Silvester da Phyllis Clarke suka ci gasar duniya. Amma abin da ya fi wannan kambu tasiri ya zo ne a 1924, sa'ad da ƙungiyar malaman rawa ta Ingila, ISTD, ta kafa wani ƙaramin kwamiti ƙarƙashin Josephine Bradley, da Silvester a ciki, don a tsayar da magana ɗaya. Suka tankaɗe, suka rairaye, suka rubuta. A 1927 ya fitar da littafinsa, Modern Ballroom Dancing, aka yi ta rububinsa.

Ya kamata a leƙa irin abin da ke cikin waɗannan littattafai, don a nan sirrin yake. Ba a ce wa ɗalibi ya ji kiɗa ya motsa. Ana ce masa: taku na ɗaya, ƙafar dama gaba, dunduniya ta fara sauka sannan yatsu, ka fuskanci kusurwar bango, tsakanin taku na ɗaya da na biyu ka juya rubu'in da'ira, a ƙarshen na ɗaya ka fara ɗagowa, a ƙarshen na uku ka sauka. Kowa kuma ya zagaya zaure ta hannun da ya saɓa wa tafiyar agogo, don kada a yi karo. Shafi guda na namiji, shafi guda na mace, da zanen tafin ƙafa da kibiyoyi.

Mutum zai ce wannan ai kashe rawa ne. Amma a duba abin da ya haifar. Da zarar an rubuta abu, ana iya jarraba mutum a kansa. Da zarar akwai jarrabawa, akwai takardar shaida, akwai malami mai lasisi, akwai ɗalibin da zai biya kuɗi mako-mako yana neman lambar tagulla, sai ta azurfa, sai ta zinariya. Ɗan rawar haya da jiya yake jiran a yafuto shi da hannu, yau ya zama malami mai allo a ƙofar makarantarsa. Silvester kansa sai da ya kai ga makarantu 23. Har gobe haka lissafin yake: kambu ba ya ciyar da gwani, suna yake saya masa, sunan kuma shi ke ɗaga farashin darasinsa.

Saura kiɗa. Mukan ce in kiɗa ya canza, rawa ma sai ta canza. To abin da ya dami Silvester ke nan. Makaɗan zamaninsa don kunne suke kiɗa, su ja nan, su yi sauri can, mawaƙi ya tsaya yana jan murya, ɗalibi kuwa ya rasa inda zai sa ƙafa. A 1935 ya haɗa tasa ƙungiyar makaɗa bisa sharaɗi ɗaya: kiɗa ba zai canza ba. Sauri ɗaya daga farko har ƙarshe, ba mawaƙi, ba wani mai busa da zai fito ya nuna gwaninta. Har yau a gasa ana kaɗa wals a kan gaɓa 28 zuwa 30 a minti, kwikstef kuwa 50 zuwa 52. BBC ta ɗauke shi, a rediyo da farko, daga 1948 kuma a talabijin, yana ƙirga wa masu koyo a gida da muryarsa mai sanyi: a hankali, a hankali, maza-maza, a hankali. Ya kuma yi shekaru yana gabatar da shirin zaɓi-sonka a sashen BBC na ƙasashen waje. Fayafayansa da aka sayar sun kai miliyan 75. Masana jaz sun raina kiɗan, suna ganin ba gishiri a ciki, kuma ban ce sun yi ƙarya ba. Sai dai ba don su aka kaɗa ba.

Inda nake da ja da wannan gado shi ne wajen abin da tankaɗen ya zubar. Yawancin raye-raye goma da ake gasa da su ba a fadar sarakunan Turai aka haife su ba. Tango ta taso ne daga unguwannin talakawa na Buenos Aires da Montevideo. Samba ta baƙaƙen Barazil ce, jikokin bayi. Jaif daga baƙaƙen Amurka, rumba da ca-ca-ca daga Kyuba. Wani malami Bafaranshe mazaunin Landan da ake kira Monsieur Pierre ya je Kyuba a 1947 ya ga yadda masu abin ke takawa, ya dawo aka zuba shi a ma'aunin Ingila. Abin da ya fito yana da kyau, yana da wuya, amma ba na masu shi ba ne kuma. Tsohon da ya shekara hamsin yana taka tango a Ajantina, in ya shiga gasar Ingila, zagayen farko za a sallame shi, don bai riƙe wuya yadda littafi ya ce ba. Wani abin ban takaici kuma, masu gasar raye-rayen Latin, irin su samba da rumba, sukan shafe jikinsu da man da ke rina fata ta yi duhu kafin su fito fili. An ɗauki launin, an bar mutanen.

Makkar wannan sana'a, in an yafe mini kalmar, ita ce Blackpool, wani garin bakin teku a arewacin Ingila, inda ake taruwa tun 1920 a zauren Empress. A zagayen farko ma'aurata da yawa ne ke fili lokaci guda. Namiji na da lamba manne a bayan kwat ɗinsa, alƙalai na tsaye a gefe da takarda, kowace rawa kuma ba ta wuce minti biyu. Cikin wannan ɗan lokaci alƙali zai kalle ka na 'yan daƙiƙu, ya rubuta lambarka ko ya wuce. Aikin shekara guda ke nan. Gumi na zuba, huhu na ƙuna, amma dole fuska ta yi ta murmushi. Ana rage su zagaye bayan zagaye har a kai ga ma'aurata shida na ƙarshe. Kuɗin riga mai duwatsu masu walƙiya, da takalmi mai tafin fata mai laushi, da jirgi, da otal, duk daga aljihun mai rawa suke fitowa. Galibin alƙalan kuma su ne manyan malaman da 'yan gasa ke biya don darasi, abin da ya daɗe yana jawo gunaguni a cikin sana'ar.

Ga kuma abin da littafi ba ya iya rubutawa, wato abokin rawa. Gwani rabin mutum ne. Sai ya sami wadda tsayinta ya dace da nasa, burinta ya dace da nasa, su yi shekaru suna gogawa. In ta yi rauni a gwiwa, ko ta gaji da shi, sana'arsa ta koma farko. Shi ya sa da yawa suke aurar juna, kamar Marcus da Karen Hilton da suka ci kambun duniya sau tara. Jiki kuma ba ya jira. Kafin shekara arba'in yawanci an sauka, sai koyarwa, ko alƙalanci, ko rawa a manyan jiragen ruwa na masu yawon shaƙatawa. A Amurka ma akwai gasar da ɗalibi mai kuɗi ke biyan malaminsa ya fito fili tare da shi. Ɗan rawar haya bai mutu ba ke nan, suna kawai ya sake.

Wajajen 1960 matasa suka saki hannun juna, kowa na rawarsa shi kaɗai, gidajen rawa da dama suka koma wuraren caca. Talabijin ce ta sake ceto sana'ar a 2004 da shirin Strictly Come Dancing, inda ake haɗa gwani da wani sananne da bai iya ba. Babban alƙalinsa na farko, Len Goodman, tsohon mai koyon walda ne a tashar jiragen ruwa, wanda ya fara rawa yana ɗan shekara 19 bayan ya ji ciwo a ƙafa. A 2019 da 2020 kuma Oti Mabuse, baƙar fata daga Pretoria ta Afirka ta Kudu, ta ci shirin sau biyu a jere, abin da ba wani gwani da ya taɓa yi kafin ita. Goodman da Mabuse duka da ma'aunin Ingila aka horar da su.

Silvester ya rasu a kudancin Faransa a watan Agustan 1978. A ganina ya rage wa rawa 'yanci ƙwarai, ya kuma taimaka wajen raba ta da masu ita. Amma ya sami masu rawa suna jiran a kira su kamar barori, ya bar su da makarantu da takardun shaida da farashin da suke yankewa da kansu.