Waƙa Tana da Mai Ita, Rawar Fa Ta Wa?

A 2008, bayan Usain Bolt ya ci tsere a gasar Olamfik ta Beijing, ya tsaya gaban duniya ya taka rawar Gully Creeper. Mutanen Jamaika ba su ce rawar Bolt ba ce, sun san ɗan rawan da ake kira Ice ne ya ƙirƙiro ta, Elephant Man ya yi mata waƙa. Haka Gerald Levy, wanda aka fi sani da Bogle: an harbe shi a Kingston a 2005, amma har gobe takunsa na amsa sunansa. A kiɗan Dancehall, ɗan rawa mai fasaha ne kamar mawaƙi.

Mu dawo gida. A 2020 Jarumar Hamisu Breaker ta cika wayoyi, a 2022 Warr da Chass na Ado Gwanja suka biyo baya. Kowa ya san mawaƙan. Wa ya san wanda ya fara taka rawar da dubbai suka kwaikwaya? Mun ɓata lokaci kan a hana ko a bari, ba mu tsaya mun duba ko rawar ta yi kyau ba.

A ganina, mafi yawanta ba ta yi ba, kuma dalilin yana cikin manhajar. Sana'ata rubuta manhaja ce, na san TikTok na tura bidiyon da mutane suka kalla har ƙarshe suka maimaita. Saboda haka takun da za a iya koya cikin daƙiƙa 15 shi ke yaɗuwa. Hoton a tsaye yake, yana ɗaukar fuska da kafaɗa, ƙafa kuwa sau da yawa ba ta shiga.

Ka je biki a Gwandu ka kalli mai kalangu. Idonsa na kan ƙafar mai rawa. In ta sauya taku ya sauya kiɗa, in ya matsa ta amsa. Hira ce tsakanin mutum biyu, 'yan kallo kuma su ne alƙalai. A waya kiɗan an riga an naɗe shi, ba ya jin kowa.

Ba na cewa ɗaliban Kalgo su ajiye waya. Ina cewa su ja da baya a ga ƙafa, a ga makaɗi, a ga fili. Sannan su rubuta sunan wanda ya ƙirƙiro takun. Abin da ba shi da suna, ba a biyan mai shi, ba a kuma tuna shi.