Silimar da babu rawa a cikinta

Ba kowace silimar Indiya ce ta rawa da soyayya ba. Akwai Garm Hava, wato iska mai zafi, wadda M. S. Sathyu ya shirya a 1973.

A 1947 Ingilishi suka raba ƙasar biyu, Indiya da Pakistan. Hindu da Musulmi suka faɗa ma juna, dubban ɗaruruwan mutane suka mutu. Salim Mirza, Musulmi mai sana'ar takalma a birnin Agra, ya ƙi yin hijira. Aka hana shi bashi, gida ya kuɓuce mishi, ɗiyarshi ta kashe kanta.

Gwanintar silimar, ba jini ta nuna ba, ta nuna yadda amana take mutuwa tsakanin maƙwabta. Laifinta guda ne: ta mance da manoman Panjab, waɗanda suka fi kowa shan wuya.