Doki a ƙofar fada, raƙumi a bakin rijiya

Duk wanda ya ga hawan salla a Damagaram ya san abin da ake nufi da kwarjinin sarauta: dogarai cikin ja da kore, ƴan lifida da kwalkwali, kakaki da algaita, sannan mahaya su sako dawaki a guje su ja linzami gaban sarki su yi jinjina. Wannan hoto ya yi ƙarfi ƙwarai, har ya zama idan wata ƙungiya ko makaranta ta tashi nuna tarihin mayaƙan jahar Zinder a dandali, shi take ɗauka, ko da kuwa a Tarka ake wasan. To, a nan ne ake yi wa tarihi kwange.

Ko a Damagaram ɗin, hawan salla rabin labari yake faɗi. Sarki Tanimun, wanda ya rasu a 1884, ya kewaye Birni da ganuwa, ya tara bindigogi ta hanyar fataken Turabulus, ya sa maƙera suka zuba masa igwa a cikin gari. Yawancin masu riƙe da waɗannan makamai bayin sarki ne, kuma su ne suka sa maƙwabta shakkar Damagaram. Yau ɗan bindiga yana nan a hawa, amma aikinsa tayar da hayaƙi ne domin armashi, ido kuwa yana kan mai doki. Littafin André Salifou na 1971 a kan Damagaram a ƙarni na 19 ya isa ya gyara wannan fahimta ga mai karanta faransanci. Sai dai batunsa fada ne da sarakunanta, Damargu kuwa tana gefe.

A arewa lissafin dabam ne. Dokin yaƙi dabba ce mai tsada: kullum sai ya sha ruwa, sai an ba shi gero, ga nauyin lifidi a kansa. Ƙasar da rijiyoyinta ke da zurfi da nisa tsakani ba ta ɗaukar rundunar irin waɗannan dawaki na dogon lokaci. Abin da ake tsaro a Damargu hanya ce da rumbu. Ayarin Kel Owi yana saukowa daga Azbin da gishirin Bilma da dabino, ya koma da geron Damargu, kuma mai gadin wannan dukiya Buzu ne bisa raƙumi, da takobi da mashi da garkuwar fata. Shugaban tafiya madugu ne, wanda darajarsa ke ga sanin rijiya da sanin wanda za a biya a wuce lafiya. Stephen Baier, a littafinsa na 1980 a kan tattalin arzikin tsakiyar Nijar, ya bi wannan hanyar, kuma abin takaici ne a ce aikin yana cikin ingilishi, nesa da malamin da ke koyarwa a Balbeji.

Damargu tana da nata mazaje. Faransawa sun shiga Zinder a 1899 bayan karon Tirmini, amma sai a 1900 suka kashe Musa, shugaban Imuzurag, a Tanamari. Kawsan, wanda ya yi wa barikin Agadas ƙawanya daga Disamba 1916 zuwa Maris 1917, haifaffen Damargu ne daga cikin Ikazkazan. Nasara ma da kansa ya karɓi darasin ƙasar, ya kafa sojan raƙumi domin sintirin arewa.

Ba a ce a mayar da su waliyyai ba. Mai tsaron ayarin wani sau da yawa shi ne mai kai wa ayarin wani hari, manomin da ke noma geron kuwa yana biyan duk wanda ya fi ƙarfi, wani ma bawa ne a gonar. Wasan da ya ɗora ɗan makaranta a kan doki da rawani da alkyabba ya bar wannan manomi a waje, alhali jikokinsa ne suka cika filin kallo. Tsofaffin da suka ji labarin ayari daga bakin kakanninsu suna nan a ƙauyukan gulbin Tarka, suna ba da shi da hausa da tamajak, kuma yawancinsu sun haura saba'in.