Ɗan Cin Rani da Ɗan Yawon Kwamfuta: Sharhi a Kan Jigon Tafiya a Adabinmu

Gabatarwa

A 'yan shekarun nan wani irin labari ya yawaita a wayoyinmu, wato labarin mutanen da ba su da ofis, ba su da gari ɗaya da za a ce nan ne mazauninsu. Kwamfutarsu tana cikin jaka, yau suna Lizbon ta ƙasar Fotugal, wata mai zuwa suna tsibirin Bali, alhali kuwa albashinsu yana shigowa daga Amurka ko Ingila ta hanyar intanet. Sunan da Turawa suka raɗa musu ma'anarsa makiyayan na'ura, kuma ya bazu ne tun daga littafin Digital Nomad wanda Tsugio Makimoto da David Manners suka wallafa a 1997. Manufata a wannan maƙala ita ce in ɗauki labarin nan a matsayin labari, in auna jigonsa da na ƙagaggun labaranmu na Hausa, sa'an nan in gwada su duka da rayuwar mutanen ƙasarmu ta Talatar Mafara da Bakura da Maradun, waɗanda suka san tafiya neman abinci tun kaka da kakanni.

Matafiya uku a rubutaccen adabinmu

Duk wanda ya karanci ƙagaggun labaran Hausa ya san tafiya ita ce ƙashin bayan yawancinsu. A ganina matafiya iri uku muka gada.

Na farko shi ne Alhaji Imam na cikin Ruwan Bagaja, littafin Abubakar Imam na 1934. Wannan matafiyi da ƙafarsa ya fita, don ya wanke wa gidansu kunya. Kowane gari ya shiga, wayonsa ne jarinsa, kuma ko ya faɗa hannun Malam Zurƙe, a babi na gaba zai rama. Mai karatu ba ya taɓa jin tsoron yunwa za ta kashe shi. A ƙarshe ya komo gida da dukiya da ɗaukaka.

Na biyu shi ne tauraron Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, shi ma na 1934. Shi kam ba a shawarce shi ba. Sace shi aka yi yana yaro, aka ƙetara da shi hamada, mahaifiyarsa ta bi sawunsa har ita ma ta faɗa cikin bauta. A nan tafiya masifa ce wadda aka ɗora wa mutum.

Na uku shi ne saurayin cikin Kitsen Rogo na Abdulƙadir Ɗangambo, wanda ya fito a 1978. Ya bar ƙauye don kwaɗayin birni, ya haɗu da miyagun abokai, ya lalace. Sunan littafin kansa ya riga ya yanke hukunci. Kada mu manta kuma da zamanin da aka rubuta shi, domin a 1976 ne gwamnatin Janar Obasanjo ta ƙaddamar da shirin nan na ciyar da ƙasa, ana ta kiran matasa su koma gona. Littafin ya amsa wannan kira da gaskiya, kuma gargaɗinsa har yau yana da amfani.

To, amma ina na huɗu? Ina mutumin da yake fita bayan an kai amfanin gona rumbu, ya yi wata biyar yana ga-ruwa ko dako ko yankan farce ko gadi a Ikko ko Ibadan, ya komo da faɗuwar ruwan farko da kuɗin taki da turmin atamfa? Shi bai je neman ruwan Bagaja ba, ba a sace shi ba, kuma bai lalace ba. Shi ne ya fi kowane matafiyi yawa a ƙasarmu, amma a littattafan nan uku da muke karantawa a aji babu inda ya zama tauraro. Wannan giɓi ne babba, kuma shi ne ya sa idan baƙon labari ya zo mana ba mu da ma'aunin da za mu auna shi.

Abin da ɗan cin rani ya sani

Cin rani tsohon tsari ne mai ƙa'idoji. Wani masanin labarin ƙasa, R. M. Prothero, ya yi nazarin ƙidayar da aka yi a ranin 1952 zuwa 1953 ta masu fita daga lardin Sakkwato, wanda ƙasarmu take ciki a lokacin, aka ƙirga sama da mutum 200,000 sun ratsa hanyoyi da mashigan kogi. Ya kuma rubuta sunaye biyu da mutane suke amfani da su: masu cin rani, da 'yan tuma da gora, wato samarin da suke yin nisa zuwa ƙasar Yarbawa da Gwalkwas, ba su ɗauke da komai sai gorar ruwa da ƙarfin jikinsu.

Idan muka duba wannan tsari da kyau za mu ga hikimarsa. Fitar magidanci da samarinsa tana rage bakunan da ke cin rumbu, har hatsin ya kai iyali damina. Wannan ma yana daga cikin ma'anar kalmar kanta, wato a je a cinye rani a wani wuri. Daɗin daɗawa, yana da lokacin fita da lokacin komowa, kuma sararin sama ne yake buga masa ƙararrawa. Haka nan ba ya sauka a inda bai san kowa ba. Akwai zango, akwai mai masauki ɗan garinsu wanda zai tsaya masa, ya ajiye masa kuɗi, ya aika gida idan ciwo ya kama shi. Abner Cohen ya bayyana irin wannan tsari na masu gida a unguwar Sabo ta Ibadan a littafinsa na 1969.

Ko makaɗanmu ma a kan wannan turba suke. Alhaji Musa Ɗanƙwairo, haifaffen ƙasar Bakura wanda ya yi suna da Maradun, ya zagaya fadodin Arewa da kotsonsa har zuwa rasuwarsa a 1991. Sa'idu Faru shi ma ya yi yawo, amma kowa ya san ubangidansa shi ne Sarkin Kudu Muhammadu Macciɗo na Talatar Mafara. Sana'arsu a ka take, kayan aikinsu ba nauyi, amma kowannensu yana da gindi.

Sabon labari, tsohon jigo

Yanzu mu koma ga labarin 'yan yawon kwamfuta kamar yadda ake ba da shi a Facebook da YouTube. Idan aka warware jigonsa, Ruwan Bagaja ne aka sake wa riga. Tauraron ya fita da son ransa, wayonsa ne jarinsa, kowane gari sabon babi ne, kuma ba a nuna yunwa. Hoton da aka fi so shi ne na mutum zaune a bakin teku, kwamfuta a cinya. Duk wanda ya taɓa ƙoƙarin karanta allon waya a tsakar rana ya san wannan hoto ado ne kawai.

Ainihin rayuwar ta fi haka nauyi. Yawancinsu a ɗakunan aiki na haya ko shagunan shan gahawa suke yini, suna rubuta manhajar kwamfuta, ko zane, ko fassara, ko talla. Wanda yake Bali alhali masu ba shi aiki suna Amurka, dole darensa ya zama rana, domin tazarar agogo ta kai awa 12 ko fiye. Mai aikin ƙwadago na kansa ba shi da fansho, ba shi da hutun ciwo, kuma idan aiki ya yanke wata biyu babu rumbun da zai koma wa. Ga rikicin haraji, ga takardar izinin zama mai ƙarewa, ga kaɗaici, tun da abokin da aka yi yau gobe ya ɗaga. Ɗan cin rani yana da mai masauki, shi kuwa wannan sai lambar ɗaki.

Akwai kuma wani bambanci wanda a ganina shi ne zuciyar maganar. Ɗan cin rani yana zuwa inda lada ta fi tsoka, ya ƙuntata wa kansa, ya kawo kuɗin gida. Ɗan yawon kwamfuta yana karɓar ladar ƙasa mai arziki, ya tafi ya kashe ta inda rayuwa take da araha. Saboda haka zuwansa yana ɗaga kuɗin haya a kan 'yan gari. An yi ta wannan kuka a Lizbon, kuma a watan Yuli na 2025 mazauna birnin Meziko sun fito zanga-zanga a kan tsadar gidaje, suna ambaton irin waɗannan baƙi. Labarin da ake ba mu a waya ba ya sa waɗannan mutane a cikin taurarinsa.

Sa'an nan ƙofar ba a buɗe take ga kowa ba. Tun daga 2020, lokacin annobar korona, ƙasashe irin su Istoniya da Babados suka fito da biza ta musamman domin waɗannan ma'aikata, Fotugal ta bi sahu a 2022. Sharaɗin da ya fi yawa shi ne mutum ya nuna yana samun kuɗi masu kauri kowane wata. Ke nan wanda ya riga ya ƙoshi shi ake gayyata cin abinci.

Mu gwada shi da ƙasarmu

Dalilin da ya sa na ƙi yarda a ce musu makiyaya shi ne, mu mun san makiyayi. Bafillace ba don nishaɗi yake tashi daga ruga zuwa mashekari ba, ciyawa da ruwa ne suke ja masa gora, kuma dabbobin da ke gabansa amana ce. A ɗauki sunansa a ba mai yawon buɗe ido da kwamfuta, a daidai lokacin da burtali yake toshewa, wannan rashin adalci ne ga kalmar da mai ita.

Bugu da ƙari, ƙasarmu ta ɗanɗani tafiyar dole irin ta Shaihu Umar. Tsakanin 1974 da 1978 aka gina madatsar ruwa ta Bakolori a kan gulbin Sakkwato, kamfanin Impresit na Italiya ne ya yi aikin. Ruwan ya shanye fadamu da gidaje, aka tashi dubban mutanen Maradun da kewaye zuwa sabon matsuguni, manoman yankin Mafara da Bakura kuma aka hana su shuka ana gyaran filayen ban-ruwa. Da rikicin diyya ya yi tsanani manoma suka tare hanyoyi, a watan Afrilu na 1980 'yan sandan kwantar da tarzoma suka far musu a Birnin Tudu da ƙauyukan kusa. Hukuma ta faɗi adadi kaɗan na waɗanda suka mutu, masu bincike kuwa suka ce ɗaruruwa ne. Bjorn Beckman ya yi rubutu a kai a 1985 da Turanci. Abin lura a nan shi ne, shekara biyu kacal ke tsakanin fitowar Kitsen Rogo da wannan rana. Littafi yana cewa saurayi ya koma gona, ga shi kuwa a nan gonar ce aka raba shi da ita. Ban faɗi haka don in rage darajar marubucin ba, sai don in nuna cewa jigon komawa gona yana tsayawa ne idan gonar tana nan.

Haka kuma duk tsarin yawon kwamfuta a kan igiya ɗaya yake rataye, wato layin sadarwa. A ranar 1 ga Satumba 2021 aka sace ɗaliban makarantar sakandare ta Kaya a ƙaramar hukumar Maradun. Kwana biyu bayan haka hukumar sadarwa ta ƙasa ta ba da umarnin a rufe layukan waya a jihar Zamfara baki ɗaya, kuma a wurare da yawa rufewar ta ɗauki watanni. Na san matasa a garinmu waɗanda suke ɗan samun na cefane ta hanyar cirar kuɗi da na'ura, da buga takardu, da sayar da kaya ta WhatsApp. Rana ɗaya sana'ar ta tsaya cik. Waɗanda suke da hali suka tattara suka bar jihar, suka bi layin waya kamar yadda makiyayi yake bin ruwa. Idan har akwai wanda ya cancanci sunan makiyayin na'ura, to su ne, domin su larura ce ta kore su.

Kammalawa

Ba ina cewa samarinmu su guji aikin intanet ba ne. Tafiya mabuɗin ilmi ce, kuma ɗalibin Hausa da ya iya fassara da rubutu yana iya yi wa kamfanin da ke wata nahiya aiki yana zaune a Mafara, muddin akwai wuta da layi da kwanciyar hankali. Wannan ma ya fi yawon daraja a wurina, domin kuɗin a gida za a kashe su, yadda ɗan cin rani yake yi. Abin da nake ƙi shi ne mu haɗiye labarin wasu ba tare da taunawa ba.

Game da suna, shawarata ga masu aikin fassara ita ce mu bar wa makiyayi sunansa. Kakanninmu sun riga sun ba mu 'yan tuma da gora, saboda haka mu ce 'yan tuma da kwamfuta. Sunan ya nuna sauƙin kaya da yawan tsalle, bai kuma ari wahalar kowa ba.

Ga 'yan'uwana masu sha'awar rubuta ƙagaggen labari kuwa, ga fili nan a buɗe. Muna bukatar littafin da tauraronsa zai fita bayan kaka ya komo da bazara, a nuna mana ɗakin da mutum goma suke kwana a Agege, da matar da aka bari da rumbu tana auna tiya, da ranar da ya komo ya tarar ba a iya zuwa gonar saboda tsoron 'yan bindiga. Tsofaffin da suka ga tashin Maradun da ranar Birnin Tudu suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya, kuma da Hausa suke ba da labarin. Ina roƙon malamanmu su tura mu mu ɗauko shi daga bakinsu tun suna raye, mu kuwa ɗalibai mu karɓi aikin da hannu biyu.