Muryar teku a cikin Le Tempestaire na Jean Epstein

A 1947 Epstein ya ɗauki wannan gajeren fim a tsibirin Belle-Île, yankin Bretagne na Faransa. Labarin kaɗan ne: budurwa na fargabar hadari ya halaka saurayinta masunci, sai ta nemi tsohon da ke kwantar da guguwa. Abin da ya fi jan hankalinmu shi ne sauti. Epstein ya rage saurinsa, har rurin raƙuman ruwa ya warware zuwa huci, nishi da gurnani, kamar yadda masanin furuci ke rarrabe sautukan kalma. Amma mutanen tsibirin, ƴan jimlolin Faransanci kawai ya sa a bakinsu, alhali a 1934 ya yi Chanson d'Ar-Mor da harshen Breton. A ganinmu, wannan naƙasu ne: an saurari teku fiye da masunta.