Ine Ta Fuskar Ruwa: Kariya Ga Yawon Yini Guda

Akwai hukuncin da ya zama ruwan dare a bakin waɗanda suka zaga duniya: wai yawon yini guda da ɗan jagora kora ce irin ta garken tumaki. A loda ku a bas da sassafe, ku bi mai tuta, ku ɗauki hoto, a maido ku masauki kafin isha. A cewarsu, mai son sanin ƙauyen masunta sai ya kwana, ya yi mako, ya ci abin da suke ci. Na sha jin ana yanke wannan hukunci a kan tafiyar da ake yi daga Kyoto ko Osaka zuwa gaɓar Tango a Japan, wadda ta haɗa Amanohashidate da ƙauyen Ine. Na yi tafiyar, na dawo ina ganin masu sukar sun auna ta da mudun da ba nata ba.

Sana'ar jagorantar baƙi ba ta jiya ba ce. Turawa sukan fara lissafi daga 1841, shekarar da Thomas Cook ya kwashi mutum wajen 500 a jirgin ƙasa daga Lesta, a Ingila, zuwa taron yaƙi da shan giya, kowa ya biya sule ɗaya. Amma Japanawa sun riga shi. Tun zamanin Edo ƙauyawa ke yin wani irin adashi, a tara kuɗi, a yi ƙuri'a, a tura wakilai ziyarar wurin bauta na Ise, inda wasu ma'aikatan wurin da ake kira onshi ke tarbar su, su sauke su, su zaga da su. A 1928 kuma Aburaya Kumahachi ya sa 'yan mata a motocinsa na garin Beppu suna rera bayanin wurare da kari irin na waƙa, gaɓa bakwai da biyar. Daga nan mai jagora a bas ta zama sana'a mai horo da ƙa'ida. Wanda ya ɗauka mai tuta 'yar kamasho ce kawai bai san gidan da ta fito ba.

Abin da ya fi burge ni a wannan yini shi ne jerin da ake bi wajen nuna abubuwa, kuma a nan nake son in daɗe. Ba a fara da ƙauyen. Bayan tafiyar kusan awa biyu daga Kyoto, ana fara tsayawa a Amanohashidate, wani zirin rairayi mai tsawon kilomita 3.6 da ya ratsa mashigin teku, dubban itatuwan matsu masu ganye kamar allura sun lulluɓe shi. Tun 1643 wani malami, Hayashi Gaho, ya lissafa shi cikin wurare uku mafiya kyau a ƙasar, tare da Matsushima da Miyajima. Ana hawa da ku tudun Kasamatsu, sai mai jagora ta ce kowa ya juya wa teku baya, ya sunkuya, ya leƙa ta tsakanin ƙafafunsa. Matanozoki suke kiran wannan. Masu suka suna ganin wasan yara ne. To, a gwada a gani: da kai ya koma ƙasa sai ruwa ya zama sama, zirin ya tashi ya zama gada rataye a sarari, sunan wurin kuwa ma'anarsa ke nan, gadar sama. Har wasu masana biyu na Japan, Higashiyama da Adachi, sun bincika yadda girma da nisan abu ke sauyawa a idon wanda ya kalle shi a haka, aka ba su kyautar Ig Nobel a 2016. Darasin farko na yinin ke nan, an koyar da shi da jiki ba da lacca ba: kowane wuri yana da inda ake tsayawa a gan shi, kuma masu wurin ne suka san inda yake.

Sai a ɗauki hanyar gaɓa zuwa Ine. Da isa ba a barin ku ku bazu a titi, ana zuba ku a jirgin ruwa. Wannan shi ne ƙashin bayan dabarar. Ine tana da gine-gine wajen 230 da ake kira funaya, jere a bakin ruwa tsawon kusan kilomita 5, kuma dukansu teku suke fuskanta. Wanda ya zo da motarsa shi kaɗai, ya bi kwalta, ƙeyar gari ya gani: bangon katako da ƙofofi a rufe. Ta ruwa ne ake ganin fuska. Kowane gini ya buɗe baki a ƙasa, daɓensa ya gangaro har cikin teku, bene kuma a bisa.

Akwai babban jirgi mai zagaye na kusan minti 25, akwai kuma ƙananan kwale-kwalen inji da 'yan garin ke tuƙawa, yawancinsu masu tushe a su. Na fi son na biyu nesa ba kusa ba. A wanda na shiga, dattijon da ke riƙe da akala ya kai mu dab da wani funaya, ya kashe inji, ya yi shiru. Ana jin ruwa yana lasar gangaren daɓen, ana ganin igiya ɗaure a ginshiƙi ta nutse ƙasa. Sai ya jawo tasa igiyar, ga wata gura ta raga da suke kira mondori, wadda ake zuba wa ragowar kifi a bari ta kwana a ƙofar gida. Sannan ya nuna tazarar da ke tsakanin ruwa da daɓe, wadda ba ta kai kamu ɗaya ba, mai jagora ta fassara tambayarsa: me ya hana teku cinye gidan nan? Ya bar mu da ita na ɗan lokaci kafin ya juya kan jirgin ya nuna amsar da hannu. Ga tsibirin Aoshima zaune a bakin mashigin kamar kyaure, yana tare igiyar ruwa. Ga duwatsu sun kewaye ta gefe uku. Mashigin kudu yake kallo, alhali iskar hunturu daga arewa take bugowa a Tekun Japan. Cika da janyewar teku kuma a nan ba su wuce rabin mita ba. Dalilai huɗu, kuma duk ana iya nuna su da yatsa daga wuri ɗaya.

A lura da tsarin: nuni, sai tambaya, sai shiru, bayani a ƙarshe. Littafin jagora ba ya iya wannan, don shi amsa yake ba ka kafin tambayar ta zo maka. Waya ma haka. Gwanin ɗan jagora yana riƙe amsa kamar yadda mai tatsuniya ke riƙe ƙarshen labari, har sai ya ga ido ya buɗe. Dattijon kuma bai tsaya a abin sha'awa ba. Ya nuna mana jiragen faiba ɗaure a waje, gaban gidajen da aka gina domin su. Asalin funaya shi ne a jawo jirgin katako daga ruwa ya bushe, kada ya ruɓe, kada tsutsar teku ta ci shi kamar yadda gara ke cin azara, a shanya taru a sama. Jiragen yanzu sun yi wa ɗakin girma, kuma ba sa ruɓewa. Wato ginin ya fi aikinsa tsawon rai. Wasu sun koma ɗakin ajiya, wasu ɗakin tsofaffi, wasu masaukin baƙi. Garin da ya yi suna da kifin hunturu da ake kira buri yau mutanensa ba su cika 2,000 ba. Mai cewa yawon yini yana ɓoye wa baƙo gaskiya bai shiga wannan kwale-kwalen ba.

Mataki na uku ne kawai ake sauka a yi tafiyar ƙafa, kuma yanzu ƙeyar garin ta sami ma'ana. Titin siriri ne, an faɗaɗa shi a shekarun 1930 ta tsakiyar filayen gidaje, shi ya sa ainihin gidan kwana yake ɓangaren dutse, funaya yake ɓangaren ruwa, iyali ɗaya titi ya raba. Na ga wata tsohuwa ta fito daga ƙofa ɗaya da faranti a rufe, ta tsallaka, ta shiga ƙofar da ke kallonta. A idon wanda bai sani ba maƙwabciya ce ta kai kwano. A idon wanda ya taho ta ruwa, mace ce ke ratsa tsakar gidanta, mu kuwa a tsakar gidan muke tsaye da kyamarorinmu.

Nan ne na rabu da masu suka gaba ɗaya. Suna magana kamar zurfin sani shi kaɗai ne abin nema, kamar ƙauyen an ajiye shi ne don baƙo ya ƙoshi. A 2005 gwamnatin Japan ta sa Ine cikin unguwannin gine-ginen gargajiya da doka ta kare, ita ce ƙauyen masunta na farko da ya sami wannan matsayi, amma hakan bai mai da ita gidan tarihi ba. Funaya dukiyar mutane ce, kuma ƙorafin da 'yan garin suka fi yi shi ne na baƙin da ke kutsawa ciki neman hoto ba sallama. Wa ke kutsawa? Galibi wanda ba shi da mai ce masa tsaya nan. Bahaushe bai buƙatar a yi masa dogon bayani a kan wannan, don ya gina zaure ne saboda baƙo ya sami daraja ba tare da ya ga abin da ba nasa ba. A ganina ɗan jagora na ƙwarai zaure ne mai tafiya. Ya san iyakar da ido zai kai, ya san lungun da za a rage murya, ya san gidan da ya buɗe ƙofa da kansa, kamar tsohuwar masana'antar giyar shinkafa ta Mukai da ke nan tun 1754, da wanda bai buɗe ba. Mai kwana bakwai ba jagora yana iya tara labari fiye da nawa, amma ban ga dalilin ɗauka cewa ya fi ni ladabi ba.

Suka ɗaya na karɓa, ita ce ta kuɗi da cunkoso. Manyan bas suna sauke mutum arba'in a titin da mota biyu ke wuce juna da ƙyar, su kwashe su bayan awa ɗaya ba su sayi komai ba sai abin sanyi. Wannan laifin girman mota ne da rowar lokaci, kuma gyaransa a fili yake: ƙaramar mota, a rage tsayawa a shagunan tsaraba na hanya, a ci abincin rana a Ine, a biya mai kwale-kwale na gari. Zan kuma so a rage al'adar jefa wa tsuntsayen teku da shirwa busasshen abinci daga babban jirgi, don tana ɗauke ido daga gidajen daidai lokacin da ya kamata a dube su.

Amma tafiya kafin duhu, wadda suke kira naƙasu, ita ce abin da na fi kare wa. Hausawa sun ce baƙo raɓa ne. Masu zuwa ɗaga tarun da aka kafa a teku tun kafin asuba suke tashi, dare nasu ne na barci. Da la'asar sakaliya mai jagorarmu ta ƙirga mu sau biyu a bakin mota, ta rusuna wa dattijon kwale-kwale, shi ma ya rusuna. Da muka hau tudu na waiga ta taga, titin ya koma fayau, wani mutum yana wanke gangaren daɓensa da bokiti.