Ganima a Ƙasa, Ido a Ɗaki: Sharhi a kan Diablo II

Duk wanda ya taɓa buga Diablo II da abokansa ya san wani ɗan shiru da ke sauka a ɗaki idan babban dodo ya faɗi. Kaya sun zube a ƙasa, kowa ya danna Alt don sunayensu su bayyana, sai ga wani zobe an rubuta sunansa da ruwan zinare. Zoben ɗaya ne, mutum biyar ko shida na kallonsa, kuma wasan ba zai ce na wane ne ba. Ra'ayinmu a wannan sharhi shi ne, wannan daƙiƙa ita ce mafi kyawun abin da ke cikin wasan, kuma ba ta yin armashi sai 'yan wasan suna zaune a ɗaki ɗaya, kwamfutocinsu a haɗe da juna, kowa na ganin fuskar ɗan'uwansa.

Ga wanda bai san wasan ba, kamfanin Blizzard North na Amurka ne ya fitar da shi a shekarar 2000, ya ƙara masa wani ɓangare mai suna Lord of Destruction a 2001. Mutum zai zaɓi jarumi ɗaya daga cikin bakwai, ya bi shi ta babi biyar, yana kashe dodanni, yana tara ƙarfi da makamai. Duniyar wasan ƙagaggiya ce, an gina ta da siffofin tsoffin majami'un Turai da tatsuniyoyinsu na shaiɗanu. Mutum takwas na iya shiga wasa ɗaya, ko dai ta intanet a dandalin kamfanin da ake kira Battle.net, ko kuma ta haɗin cikin gida, wanda masu harkar kwamfuta ke kira LAN. Wannan na biyun ba ya buƙatar komai na a zo a gani. Mutum ɗaya ya buɗe wasa a kwamfutarsa, ya karanta wa sauran lambar adireshinta, su rubuta su shigo. Rauta ko da babu data a cikinta ta isa, tsohuwar laftof ma ta isa, domin an yi wasan ne don injunan da ba su kai wayar hannun yau ƙarfi ba. A wurare irin namu, inda data ke da tsada kuma sabis ke zuwa yana tafiya, wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Mu fara da labarin da marubutan wasan suka rubuta, tunda a mujallar adabi muke. Wani mutum mai suna Marius ne ke ba da shi daga gidan mahaukata, cikin gajerun finafinai da ke zuwa tsakanin babi da babi. Jarumin wasan farko ya kashe Diablo, ya ɗauki dutsen da aka ɗaure ruhinsa a ciki ya soka a goshinsa, yana zaton zai iya riƙe sharrin a jikinsa. Sharrin ya fi ƙarfinsa. Marius ya bi shi gabas, har aka damƙa masa wani dutsen, na Baal, aka ce ya kai shi inda za a farfasa shi. Tsoro ya hana shi. A ƙarshe ya miƙa dutsen ga baƙon da ya zo sauraron labarinsa, yana zaton mala'ika Tyrael ne, ashe Baal ne da kansa. Labari ne na amana da aka ba wanda bai iya riƙe ta ba, kuma an tsara shi da kyau.

Matsalarsa ita ce ɗan wasa ba shi da hannu a ciki. Jaruminka kullum a makare yake isa, bayan abin ya riga ya faru. Babu wata magana da za ka zaɓa, babu wata shawara da za ka yanke da za ta sauya komai. Idan aka ajiye shi kusa da Baldur's Gate na 1998, inda kowace hira ke da rassa kuma abokan tafiya ke iya juya maka baya saboda halinka, sai a ga Diablo II kamar ba shi da wani labari da za a shiga cikinsa. Wanda ya buga shi shi kaɗai sau uku, daga matakin Normal zuwa Nightmare zuwa Hell, zai ga labari ɗaya ne ake maimaita masa, dodannin ne kawai suka ƙara tauri. Da a nan wasan ya tsaya, da ba mu ɓata lokacin mai karatu ba.

Abin da ya cece shi yana cikin dokokin rabo. Idan 'yan wasa suka haɗa ƙungiya, wasan da kansa yake raba musu maki na ƙwarewa, shi yake raba musu kuɗin zinaren da aka tsinta. Ke nan masu rubuta manhajar sun san yadda ake rabo, sun ma rubuta shi sau biyu. Amma da aka zo kan makamai da sulke da zobba, sai suka janye hannu. Kayan ya faɗi ƙasa, wanda ya riga dannawa shi ya samu. Mu da rubuta manhaja ke ciyar da mu mun san ba wuya ce ta hana su ba. Zaɓi ne, kuma zaɓin ya mayar da tambayar da labarin Marius ke yi zuwa hannun 'yan wasa: idan abu mai daraja ya shigo hannunka, kuma ba kai kaɗai ke da haƙƙi a kansa ba, me za ka yi da shi?

Sauran dokokin ma can suka nufa. Kowane mutum da ya shigo yana ƙara wa dodanni rabin ransu na asali, ta yadda idan aka cika takwas, dodo ya ninka sau huɗu da rabi. Dole a dogara da juna. Barden da ake kira Paladin yana da wani haske a ƙafarsa da ke ƙara wa duk na kusa da shi ƙarfi. Ƙaton da ake kira Barbarian yana yin kururuwar da ke ƙara wa kowa rai. Matsafiya Sorceress ita ke iya ɓacewa ta bayyana a gaba, ta nemo hanya, ta buɗe wa sauran ƙofa. Kowa ya yi aiki, amma ba kowa ke tsaye kusa da gawar dodo lokacin da ta faɗi ba. Mai takobi yana kanta, maharbiya Amazon tana can nesa. Idan saurin hannu kaɗai za a bi, wanda ya fi wahala na iya tashi a tutar babu. A babi na huɗu, inda ake farfasa dutsen Mephisto, wani ƙaramin dutse mai hatimi da ake kira rune yake faɗowa, ƙwaya ɗaya tak, ko da mutum nawa ne suka yi yaƙin.

Akwai kuma wuraren da wasan ke tilasta maka ba da ajiya. A asalin Diablo II babu akwatin da jarumanka biyu za su yi tarayya a kansa. Idan kana son kai takobi daga wannan jarumi zuwa wancan, sai ka ba aboki ya riƙe, ka fita, ka dawo da ɗayan, ka karɓa. A salon Hardcore, inda mutuwa ɗaya ce kuma babu dawowa, kana iya ba aboki izinin kwashe kayan jikinka idan ka mutu. Ko ya mayar maka da su, ko ya ce ai bai samu isa wurin gawar ba, wasan ba ruwansa.

A Battle.net, tsakanin mutanen da ba su san juna ba, waɗannan dokoki sun zama masifa. Wanda ya kwashe kaya ya fice ba za ka sake ganinsa ba. Har ƙananan manhajoji aka rubuta masu wawure kaya kafin idon ɗan Adam ya gan su. A ɗaki kuwa, wanda ya ɗauki zoben yana zaune kusa da kai, gobe za ku haɗu a majalisa, wataƙila ma kai ka ara masa cajar da yake amfani da ita. Kunyar ido ta shigo ta yi aikin da manhaja ta ƙi yi. A zaman da muke yi, ba wanda ya taɓa rubuta doka, amma doka ta samu: a koma gari, a zube abin da aka samu a gaban tsoho Deckard Cain bayan ya tantance shi, a ba wanda kayan ya dace da jaruminsa. Idan ya dace da mutum biyu, sai a tuna wa ya samu a jiya. Daga nan ake sanin mai haƙuri, da mai son kai, da wanda zai ce "ɗauka kawai" alhali ransa na so. Labarin da ake tunawa bayan shekaru shi ne na ranar da wane ya ɓoye rune a jakarsa har aka gano, ba na Baal ba.

Ko fayil ɗin jarumin ma amana ne. A haɗin cikin gida, jarumi yana ajiye a kwamfutar mai shi, kuma akwai manhajojin da ke buɗe shi su cika shi da duk makamin da ake so. Babu uwar garken da za ta kama ka. Abin da ke hana mutum shi ne sanin cewa abokansa za su tambaye shi inda ya samo wannan sulke, tunda tare aka yi farautar.

Ba za mu ɓoye aibin wannan tsari ba. Kunyar da ke hana ƙwace ita ce kuma ke sa ƙarami ya bar wa babba abin da ya fi shi buƙata, ta sa mai shiru-shiru ya yi ta komawa gida hannu rabbana ba tare da kowa ya lura ba. Adalcin ɗaki bai wuce adalcin mutanen da ke cikinsa ba. Wasan ma yana da wuraren da aka tsara kamar an manta da taro. Ramin tsutsotsi na babi na biyu siriri ne har mutum biyu ba sa jerawa, sai a yi layi, na baya na kallon ƙeyar na gaba. Dajin Kurast na babi na uku ya yi tsawo fiye da kima. Birnin Lut Gholein kuwa, da rawunansa da gidan ƙwaraƙwaransa, gabas ce irin wadda Bature ke zanawa daga nesa. Sannan idan wuta ta ɗauke, batirin wanda ya buɗe wasan ya mutu, kowa ya watse.

Abin da ya biyo baya shi ya ƙara nuna darajar abin da aka bari. A Diablo III na 2012, kowane ɗan wasa kayansa daban suke faɗo masa, ɗan'uwansa ba ya ma ganinsu. An rage taron zuwa mutum huɗu, kuma a kwamfuta ba a buga shi sai da intanet ko da kai kaɗai ne. Rigimar rabo ta ƙare, gaskiya ne, kuma ga baƙi a intanet gyara ne mai ma'ana. Sai dai inda babu abin da za a yi rigima a kansa, babu abin da za a sadaukar. Mutum huɗu ne ke tafiya kafaɗa da kafaɗa, kowa na cin tuwonsa a kwanonsa.

Sai kuma Diablo II: Resurrected na 2021, wanda ya sabunta zanen tsohon wasan. Ya bar ganima a ƙasa yadda take, amma gab da fitowarsa kamfanin ya sanar da cire haɗin kai tsaye tsakanin kwamfuta da kwamfuta, yana mai kafa hujja da tsaro. Ba mu raina hujjar ba, domin buɗe ƙofa a kwamfuta don wata ta shigo yana da haɗarinsa, musamman da tsohuwar manhaja. Amma sakamakon shi ne, abokai biyu da ke zaune a tabarma ɗaya sai saƙonsu ya je wata uwar garke a wata nahiya ya dawo kafin su ga juna a wasa. Ranar da sabis ya yanke, ko ranar da kamfanin ya ga dama ya rufe, zaman ya tashi. An riƙe dokar da ke buƙatar ɗaki, an kuma sa ɗakin ya dogara da izinin wani.

Shi ya sa muke ganin tsohon, mai hoto dishi-dishi na 800 da 600, shi ne cikakken Diablo II. Masu shi sun bar wani gurbi a tsakiyarsa, wurin da alƙali ya kamata ya zauna, kuma ko sun yi niyya ko ba su yi ba, gurbin ya dace da mutanen da suka san juna. Hausawa na cewa zumunta a ƙafa take. Wanda ke da tsohon wasan da rauta da abokai uku da za su iya ɗauko kwamfutocinsu su zo, ya gwada babi na farko kawai, har zuwa Andariel. Kafin a kai can, zai san wani abu game da abokansa da hirar shekara ba ta nuna masa ba, su ma za su san wani abu game da shi.